Gardamar da Ban Yi da Malama Aranka Ba

Shekara huɗu ke nan cif da rasuwar Malama Aranka, kuma har yau idan lif ɗin benenmu ya tsaya a hawa na goma sha ɗaya sai na ɗaga kai, ko ita ce za ta shigo da 'yar jakarta ta saƙa. Wasu ɗalibai 'yan Yaman ne a ɗakin nata yanzu, takalmansu jibge a bakin ƙofa. Tun cikarta shekara guda na so in yi wannan rubutu, in ɗauki biro in ajiye, domin na san idan na fara ba yabonta kaɗai zai fito ba. Akwai abin da nake ɗauke da shi game da ita wanda ban so a gani, kuma sunansa kishi. Da wata ɗalibarta nake yin sa, Rifkatu, 'yar Jos, wadda har gobe muna gaisawa lafiya lau. Idan sunanta ya fito a wani fim nakan aika mata barka da addu'a, sannan in zauna gaban abinci ya ƙi wucewa.

Bari in fara gabatar da marigayiyar, don yawancin masu karanta wannan shafi ba su taɓa jin sunanta ba, kuma ba laifinsu ba ne. Mai tace hoto ce, wato edita, wadda ake kai wa tulin abin da kyamara ta ɗauko, ta zauna ta yanke, ta jera, ta haɗa har ya zama fim. 'Yar ƙasar Hangari ce. Ta shiga sana'ar tana budurwa a birnin Budapest, lokacin da fim zare ne na gaske, doguwar leda mai hotuna a jere, ana yanka ta da reza a liƙe da gam. Ta ce min shekara biyu ta yi ba a bar ta ta taɓa reza ba. Aikinta sharar ɗaki da tsince guntayen da manya suka yar, ta rubuta wa kowanne lamba ta rataye a ƙusa, ko da darakta zai wayi gari ya canza ra'ayi. Daga nan ta yi shekara arba'in tana yanka finafinan ƙasarsu. Sunanta kan fito ne can ƙarshe, lokacin da 'yan kallo sun riga sun miƙe suna laluben rigunan sanyinsu. Da mijinta ya mutu, sanyi kuma ya fara cin gwiwoyinta, sai wata kwaleji a nan Setapak, wata unguwa ta Kuala Lumpur, ta gayyace ta koyarwa na shekara ɗaya. Ta zo ta ji ɗumi, ta ƙi komawa.

Ni kuwa karatun digiri na uku ya kawo ni Kuala Lumpur, da matata Habiba da 'ya'yanmu biyu, kuma na zo da girman kaina cikin kaya. Kafin in shiga koyarwa na yi shekara bakwai ina tace finafinan Hausa a wani shago a Kano. Da na ji akwai wata tsohuwar Baturiya mai ba da darasin tace hoto, sai na ce bari in je in zauna a baya in ga ko akwai sauran abin da ban sani ba.

Ranar farko ta ba mu hoto na minti ashirin ta ce kowa ya mayar da shi uku. Na riga kowa gamawa, na harɗe hannu ina jiran yabo. Da ta iso kaina ko kallon minti ukun ba ta yi ba, cewa ta yi in nuna mata sha bakwai ɗin da na zubar. Ashe haka take yi wa kowa. Ta ce abin da edita ya ajiye kowa ma zai gani a silima, ita abin da ya yar take son gani, don a nan take gane ko ya san abin da yake yi. Ta daɗe tana tona sharar tawa, sannan ta nuna wani wuri da wata mata ta yi ɗan shiru kafin ta amsa tambaya, ta ce me ya sa na cire shi. Ina da dalili, mai kyau ma kuwa. Amma sai na sunkuyar da kai na ce ta yi haƙuri, zan mayar. Ta dube ni na ɗan lokaci, ta wuce.

Rifkatu ce a kujera ta gaba. Yarinya ce ƙarama a lokacin, ba ta fi shekara biyu da fara taɓa sana'ar ba, tana ɗaukar bukukuwa da taron coci a Jos. Irin tambayar da aka yi min aka yi mata. Sai na ji ta ce, “A'a, Aranka, ba haka ba ne.” Haka gatsal, ba Malama, ba Madam, ba komai, ga matar da ta yi jika da ita. Na jira in ga an kore ta daga ajin. Maimakon haka suka kaure da gardama, tsohuwa na buga tebur, yarinya na nuna allon kwamfuta da ɗan yatsa, mu kuma muna zaune kamar 'yan rakiya. Da aka tashi na hango su a shagon mamak na ƙasan kwalejin, irin shagunan abincin nan na Indiyawa Musulmi, suna shan shayi suna ci gaba daga inda suka tsaya, tsohuwar tana dariya har da share hawaye.

A inda na taso ba haka ake neman ilimi ba. Malaminmu na zaure ko ya yi tuntuɓe a karatu ba ka isa ka ɗaga kai ba, sai dai shi ya dawo ya gyara da kansa. Maigidana na shagon Kano shekara uku ina wanke masa babur, ina sayo masa abinci, kafin ya bar ni na zauna gaban kwamfutarsa, kuma ban taɓa jin an cuce ni ba. Mu mun yarda da hidima ake jawo ilimi, da ladabi ake samun albarkar malami. Don haka da na gano bene ɗaya muke da Malama a Danau Kota, hawa huɗu ne tsakaninmu, sai na ce to, Allah ya kawo ni gida. Na shiga yin abin da na iya. In ɗauko mata kayan cefane, in canza mata ƙwan fitila, in tsaya har sai ta zauna kafin in zauna. Habiba kan yi farfesun kaza in hau da shi, tana son sa ƙwarai, ta ce yana tuna mata da wata miyarsu mai jan barkono. Kullum sai ta yi godiya, godiya ta mutunci. Amma na lura fuskarta ba ta washewa da sallamata yadda take washewa idan ta jiyo muryar Rifkatu tun daga bakin lif.

Habiba ce ta fara kiran abin da sunansa. Ina ba ta labarin rashin kunyar 'yar Jos, karo na nawa ban sani ba, sai ta ce, “Baban Amira, wannan fa kishi ne.” Na ce ina, ni mutuncin dattijuwa nake karewa. Ta ce to madalla, ta ci gaba da yankan albasarta.

Ana haka korona ta zo, aka sa dokar kulle. Aka rufe kwaleji, 'yan sanda suka kafa shinge a tituna, masu gadin benenmu suka daina barin baƙo ya wuce ƙofa. Rifkatu a Titiwangsa take zaune, tafiyar da ba ta fi minti goma sha biyar a mota ba, amma a watannin nan da can da Jos duk ɗaya ne. Allah ya yafe min, duniya na cikin tsoro, ana ta lissafin waɗanda suka mutu, amma akwai wani lungu a zuciyata da ya yi murna. Yanzu ni kaɗai ne zan iya kaiwa ga Malama, da ƙafata, ta matakala.

Mako na biyu da kulle ta kira ni ta ce in hau. A ranar ta nuna min abin da ta yi shekaru tana ɓoyo. Ashe ɗabi'ar tsince guntaye ba ta taɓa barinta ba. Duk fim ɗin da ta yanka sai ta ajiye 'yan daƙiƙun nan na kafin darakta ya ce a fara, da na bayan ya ce a tsaya. Ga sarauniya tana hamma, ga sojan da aka harbe ya miƙe yana kakkaɓe wando, ga masoya biyu sun saki juna kowa na duba agogonsa. Har da wuraren da jami'an gwamnatinsu ta wancan zamani suka zo suka ce a cire. Takan yanke a gabansu ta ce za ta ƙona, sannan ta fita da su a aljihun rigar sanyi. Ta sa an juye su duka a kwamfuta tun kafin ta baro ƙasarsu, suna cikin wani ɗan akwatin ajiya da bai fi tafin hannu ba. Burinta ta haɗa su fim guda, na ƙarshe, ba mai sharhi ba kiɗa. Sai dai hannunta ya fara rawa, ba ta iya riƙe mawus ɗin kwamfuta.

“Hannu nake bukata,” ta ce.

Na sauko ranar ina taka matakala bibbiyu. Na ce wa Habiba an zaɓe ni.

Wata huɗu muka yi a haka. In na karya kumallo sai in sa takunkumi in hau, mu buɗe tagogi duka, in zauna gaban kwamfuta, ita kuma ta zauna can bayana da doguwar allurar saƙarta tana nuna allo. Ba ta yarda a kunna sauti sai an gama yankan farko, ta ce kunne yana ruɗin ido. Idan wurin yanka ya zo sai ta ƙwanƙwasa hannun kujera da allurar, ni kuma in danna. A tsakani takan ba ni labari. Ta gaya min yadda suke sa zaren fim a leɓe don su gane fuskarsa daga bayansa, da yadda wani babban darakta ya yi mako bai yi mata magana ba saboda ta cire masa wurin da ya fi so, daga baya kuma a wurin da ta yanka ɗin aka fi yabonsa, shi ya karɓi tafi ita tana gida tana wanki. Ba ta faɗin wannan da ɗaci. Ta ce edita idan an lura da aikinsa to ya ɓata aikin. Abin da na koya a wata huɗun nan ya fi na shekara bakwai ɗina, kuma ba na jin na taɓa jin daɗin aiki kamar lokacin.

Ban da ranar Asabar. Kowace Juma'a da yamma takan sa in aika wa Rifkatu aikin makon, Asabar da hantsi kuma waya ta yi ƙara. Malama ta sa ta a lasifika ta ajiye a cinya. Kafin a gama gaisuwa Rifkatu ta fara: “Aranka, sojan nan ya daɗe da yawa, cire masa daƙiƙa biyu.” Shi ke nan an buɗe fage. Awa guda suna yi, ni ina kicin ina haɗa shayi ina jin su. Tsohuwar da ta yi kwana biyar tana magana da ni a hankali sai muryarta ta dawo ta budurwa. Abin da ya fi ƙona min rai shi ne wani lokaci takan sauko. Sai in ji ta ce, “Nasiru, zo ka cire daƙiƙa biyun.” In ajiye buta in zo in cire. Wato na zama hannun Malama, na kuma zama hannun yarinyar da na riga shiga sana'a da shekara biyar, tana kwance a ɗakinta a Titiwangsa tana ba da umarni.

A wata na huɗu aka yi wani mako da abubuwa suka rikice min. Akwai wata 'yar wasa da ta yi kuka a fim, aka ce a tsaya, amma kukan ya ƙi tsayawa. Tana ta yi, sai wani hannu ya shigo daga gefen hoto da hankici, ta karɓa, ta fashe da dariya hawaye na zuba. Ko makaho ya san hannun nan shi ne komai. Malama ta ƙwanƙwasa kujera kafin hannun ya shigo. Yatsana ya tsaya a kan mawus, zuciyata ta ce wannan ɓarna ce, amma na danna. Washegari ta sa na jera wasu hotuna biyu da ba su da haɗi ko kaɗan. Ranar Alhamis ta sake yin wani makamancin haka. Na ce a raina tsufa ne ya fara taɓa ta, kuma ba ni zan tona mata asiri ba. Har wani tausayi na ji mai haɗe da alfahari, wai ina rufa wa malamata asiri.

Asabar waya ta yi ƙara. Rifkatu ko gaisuwa ba ta yi ba. “Wa ya ɓata wannan? Ina hannun nan mai hankici?” Malama ta ce za ta kira ta an jima, ta kashe wayar, ta ce in juyo da kujerata.

“Ka gani,” ta ce. “Ina bayanka. Sau uku a makon nan na ga yatsanka ya tsaya, kuma duk a wurin da ya kamata ya tsaya. Da gangan na ɓata su. Me ya sa ka yi shiru?”

Na ce mata a wurinmu ɗalibi ba ya gyara wa malaminsa, balle wadda ta haife shi a shekaru.

Ta juya allurar a hannu. Sannan ta ce, “Nasiru, shekara arba'in ina zama kusa da mutanen da suka fi ni suna, suka fi ni iko. Da amin nake ce musu a kan komai da ba su da bukatata, da sun ɗauki reza sun yanka da kansu. Wata huɗu ke nan ina zaton mu biyu ne a ɗakin nan. Ashe ni kaɗai ce.”

Ba da faɗa ta faɗa ba, a hankali ta faɗa, kuma da ta ga yadda fuskata ta yi sai ta sassauta. Ta ce idona yana da kyau, ta daɗe da sanin haka. Ta ce in tafi in kalli fim ɗin daga farko, ranar Litinin in zo mata da wuri ɗaya tak da nake ganin ta yi kuskure na gaske, mu yi magana a kai.

Na sauko raina a ɓace. Ba darasin ne ya ɓata min rai ba. Abin da ya tsaya min a wuya shi ne an yi min jarrabawa na faɗi, Rifkatu kuma ta ci ba tare da ta san ana yi ba. Habiba ta ce to mene ne abin wahala, tunda ita ta nema, ka faɗa mata mana. Na ce ba za ki gane ba. Ranar Litinin na hau da kwanon farfesu. Malama ta karɓa, ta ajiye, ta zuba min ido. Na ce na duba daga farko har ƙarshe, komai daidai yake. Ƙarya nake. Akwai wurin, yana bakina. Rabin abin da ya hana ni kunya ce, wadda aka gina ni da ita tun ina yaro. Ɗaya rabin kuwa gaba ce tsagwaronta, na ce a raina in masu gardama take so ai tana da Rifkatunta. Ta ɗan jima tana kallona, sannan ta ce, “To.” A bakina ta koyi kalmar. Ta nuna allo muka ci gaba, ni kuma na ce wa kaina sai wani makon, idan na huce.

Kwana tara bayan haka ta fara tari. Motar asibiti ta zo da mutane cikin fararen kaya tun daga kai har ƙafa, aka ce kada kowa ya matso. Daga can ƙarshen baranda na tsaya na ga an tura ta cikin lif. Mu aka gwada mu ba a sami komai ba, aka ce mu killace kanmu. Sau ɗaya ta kira ni daga asibiti, muryarta can ƙasa. Ta ce ɗan akwatin yana kan tebur, in kai wa Rifkatu, ita za ta ƙarasa. Ta ce in gode wa Habiba saboda miya. Iyakar abin da ta ce ke nan. Daga baya na ji sau huɗu suka yi waya da Rifkatu, tana numfashi da ƙyar suna jayayya a kan abin da zai zo ƙarshe.

A asibitin ta rasu. Ba wanda ya raka ta makwanci a cikinmu, dokar lokacin ba ta bari ba. Wata 'yar ƙanwarta a Hangari ce ta yi magana da hukuma ta waya aka yi abin da za a yi. Addininmu ba ɗaya ba ne, don haka addu'ar da bakina ya saba yi wa mamaci ba ta da wuri a nan. Abin da zan iya yi mata shi ne in faɗi gaskiya a kanta, da a kaina.

Yanzu ni ke riƙe da ajinta a kwalejin, kuma sau da yawa nakan tambayi kaina me za ta ce da ta ga yadda sana'ar ta koma. Ɗalibaina da babban yatsa suke yanka fim a waya, suna cikin jirgin ƙasa a tsaye. Ga manhajoji sun fito masu tace hoto da kansu, su bi su tsince duk inda mutum ya yi shiru su zubar. Ba na jin wayar za ta dame ta, matar da ta koyi kwamfuta tana da shekara sittin. Na dai tabbata za ta ce manhajar ta nuna mata abin da ta zubar, kuma za ta gaji da ita da wuri, don duk abin da ka ce mata yi take. Ni ma ranar farko sharar ɗalibai nake fara dubawa. Akwai yaranmu na gida biyu a ajin bana, ɗan Katsina da ɗan Bauchi, masu ladabi, ko me na ce sai su sunkuyar da kai su ce za su gyara. Daɗi nake ji, ba zan ɓoye ba. Sau da yawa na yi niyyar ɓata musu yanka da gangan in ga abin da za su yi, sai in tuna yadda abin yake da ciwo in fasa.

Saura abin da na fi jin nauyin faɗa. Ɗan akwatin nan wata goma sha ɗaya ya yi a durowata. Rifkatu ta tambaya sau biyu. Na farko na ce kulle, na biyu na ce ina juye shi ne a wani wuri don kada ya lalace. Ba ta sake tambaya ba, kuma shirun nata ya fi tambayar damuna. Bayan la'asar, idan yara sun sauka wasa, sai in jona shi in kalla. Ba na taɓa komai, kallo kawai nake, ina jin haushin cewa yatsana ne a kowane yanka amma ba ni aka bar wa ba.

Kusa da ƙarshen fim ɗin akwai mijinta. Mai haska fitila ne a wurin ɗaukar fim, kyamara ta kama shi bisa kuskure yana kan tsani yana gyara fitila, saurayi da shi, hannun riga a naɗe. Daƙiƙa biyu ta bar masa. A cikin abin da ta zubar kuwa hoton ya ci gaba: ya gama gyaran, ya dubo ƙasa wajen wani da ke bayan kyamara, ya ɗaga gira ya yi wani murmushi irin na wanda ya hango nasa a cikin taro. Ranar da muka yanke shi cewa ta yi ba wanda zai zo silima don ya kalli mijinta. Tun a ranar na san ba ta yi daidai ba, tsoron a ga zuciyarta ne ya sa ta yanke. Wurin da ke bakina ke nan ranar Litinin ɗin. Wata rana da yamma na jawo shi daga shara na mayar, daƙiƙa tara. Na ji kaina na ce a fili, ni kaɗai a falo, “Malama, ba haka ba ne.” Habiba ta leƙo daga kicin ta ce da wa nake, na ce ba kowa.

A makon na kai wa Rifkatu akwatin, a wani shagon mamak kusa da tafkin Titiwangsa. Na ba ta haƙurin jinkiri, ta ce ba komai, ba ta tambaye ni dalili ba. Ban gaya mata na taɓa komai ba. Nan take ta jona a kwamfutarta, ta kashe sauti, ta shiga kallo, shayinmu ya huce. Da ta zo kan mai tsani sai ta tsayar, ta koma baya, ta sake kallo.

“Wannan ba hannunta ba ne,” ta ce. “Malam Nasiru, kai ne?”

Na gyaɗa kai, na shirya jin duk abin da za ta faɗa. Sai na ga ta cire tabarau tana goge ido.

“Kai ke da gaskiya. Amma ka san da sai ta yi kwana uku tana faɗa da kai. Da ta kira ka jaki da yarensu, ta ce ka fita mata daga ɗaki, sannan ta bugo ta ce ka bar shi haka.”

Tana faɗa tana dariya, irin dariyar wanda ya tuna wani abu mai daɗi da ya taɓa ci. Ta bar daƙiƙa taran yadda na sa su. Da ta ƙarasa fim ɗin, aka nuna shi a 'yan ƙananan wurare nan da can, sai na ga ta sa sunana kusa da nata a ƙarƙashin na Malama, ba ta ko shawarce ni ba. Da mugun hali gare ta da abin ya zo min da sauƙi.

To me ya rage na Malama Aranka bayan shekara huɗu? Finafinanta na can a ƙasarsu da sunayen daraktoci a goshinsu, nata sai mai haƙurin zama har ƙarshe. Akwai wannan fim na guntaye, wanda waɗanda suka gani ba su da yawa amma ba sa mantawa. Akwai mu biyu, kowa da irin abin da ya kwasa. Rifkatu ta kwashi bakin, daraktoci na tsoronta suna kuma nemanta. Ni na kwashi idon, da abin da na gane bayan ba shi da sauran amfani a tsakaninmu, cewa a wurin tsohuwar nan gardama ita ce girmamawa. Ban ce tarbiyyar da aka yi min kuskure ba ce, har yau ba na iya kiran babba da sunansa. Amma na kai ta inda ba a nema ba, kuma ranar da aka roƙe ni in ajiye ta na minti biyar, na ƙi, don ina fushi da wata.

Kafin mu tashi daga shagon ranar na ce Rifkatu ta faɗa min kalmar nan ta jaki. Ta faɗa. Sai na gane ta, na sha jinta ta lasifika ina tsaye a kicin, ban taɓa sanin ma'anarta ba. Rifkatu ta sha zagin nan ba adadi. Ni kuwa duk zaman da muka yi, taku uku tsakanina da ita, na san yawan sukarin shayinta, na san lokacin maganinta, amma ba ta taɓa zagina ba ko sau ɗaya. Godiya kawai take yi min, kuma har yau ban huce ba.